Yadda ake ziyartar zanen Jibin Ƙarshe na Leonardo da Vinci a Milan tare da ɗan jagora

Minti 15 kacal ake ba kowane mai ziyara a gaban zanen Jibin Ƙarshe. Da sun cika za a buɗe ƙofar fita, ma'aikata su sallame ku, rukuni na gaba ya shigo. Babu ƙari, babu alfarma. Saboda haka duk aikin ziyarar nan kafin shiga ɗakin ake yin sa: samun tikiti na gaskiya, isa kan lokaci, da sanin inda za ka aza idonka idan ka shiga.

Zanen yana jikin bangon ɗakin cin abinci na wani tsohon gidan limaman Katolika na ɗariƙar Dominik, manne da cocin Santa Maria delle Grazie a birnin Milan na arewacin Italiya. Leonardo da Vinci ya zana shi tsakanin wajejen 1495 da 1498, bisa umarnin Ludovico Sforza, mai mulkin Milan a lokacin. Faɗinsa mita 8.8, tsayinsa mita 4.6. Ba allo ba ne da za a sauke a kai wani gari baje koli. Bangon ne kansa. Wanda yake son ganinsa dole ya taka zuwa wurin. 'Yan Italiya suna kiransa Cenacolo Vinciano, kuma wannan sunan za ka gani a jikin tikiti da allunan hanya, don haka ka riƙe shi.

Abin da aka zana shi ne Yesu Almasihu da almajiransa 12 a kan teburi, kamar yadda labarin ya zo a Linjilar Kirista. Yana da kyau mai karatu Musulmi ya san haka tun kafin ya biya kuɗi, ya yanke shawara da saninsa. Ɗakin dai yanzu gidan tarihi ne na gwamnatin Italiya, ba a ibada a cikinsa, kuma ƙofarsa daban take da ta cocin.

Mataki na farko: tsayar da rana kafin komai

Kuskuren da aka fi yi shi ne a sauka Milan sannan a fara neman tikiti. Mutane kaɗan ake bari su shiga a kowane zagaye, 'yan gomomi ne kawai, kuma masu nema daga ko'ina a duniya suke. Ana sakin tikiti ne kashi-kashi, na 'yan watanni a lokaci guda, kuma ranakun bazarar Turai da na ƙarshen mako kan ƙare da wuri. Don haka da zarar ka san ranakun da za ka kasance a Milan, ka fara da wannan, sauran shirye-shirye su biyo baya.

Ana buɗewa daga Talata zuwa Lahadi, daga ƙarfe 8:15 na safe zuwa 7:00 na yamma, rukunin ƙarshe yana shiga 6:45. Litinin a rufe yake, haka ma 1 ga Janairu da 25 ga Disamba.

Mai fasfon Najeriya ko Nijar yana buƙatar bizar Shengen, wato bizar shiga Italiya da wasu ƙasashen Turai. A nan akwai ɗan sarƙaƙiya: tikitin da aka saya daga gidan tarihin ba a mayar da kuɗinsa, kuma biza tana iya jinkiri. Idan bizarka ba ta fito ba tukuna, gara ka nemi kamfanin yawon buɗe ido da ya rubuta ƙarara cewa ana iya sokewa a mayar da kuɗi. Sannan kada ka sa ziyarar a ranar da jirginka zai sauka. Jinkirin awa ɗaya a filin jirgi ya isa ya cinye maka ita.

Mataki na biyu: zaɓar hanyar samun tikiti da ɗan jagora

Hanyoyi uku ne. Ta farko, ka sayi tikiti tsura daga shafin gidan tarihin, cenacolovinciano.org, wanda zai tura ka wurin kamfanin da ke sayar masa da tikiti. Kuɗin babba yuro 15 ne, 'yan ƙasa da shekara 18 kuma kyauta, amma su ma sai an kama musu gurbi da sunansu. Ta biyu, a shafin nan dai akwai wasu sa'o'i da aka ware wa ziyara tare da ɗan jagoran gidan, da Ingilishi ko Italiyanci, da ɗan ƙarin kuɗi. Wannan ita ce mafi araha ga mai son bayani, ita ce kuma ke saurin ƙarewa. Ta uku, kamfanonin yawon buɗe ido masu zaman kansu, waɗanda ke sayen gurabe tun da wuri su haɗa da ɗan jagoransu. Kuɗinsu ya ninka na tikiti sau da yawa, amma sau tari su ne kaɗai mafita idan lokaci ya ƙure.

A wurin kamfanonin nan ne ake buƙatar buɗe ido. Kafin ka biya, ka tabbatar da abubuwa huɗu. An rubuta a fili cewa kuɗin ya haɗa da shiga ɗakin zanen? Akwai yawon da ake tallatawa da sunan Leonardo wanda iyakarsa a tsaya da kai a harabar coci a yi maka bayani, ba tare da ka taka ciki ba. Da wane harshe ɗan jagoran zai yi magana? Wanda ya fi jin Faransanci, kamar yawancin 'yan Nijar, Chadi da Kamaru, ya nemi rukunin Faransanci tun farko, domin ba kowace rana ake samunsa ba. Ana ba da na'urar saƙalawa a kunne? A cikin ɗakin ba a ɗaga murya, wanda ba shi da ita kuwa rabin bayanin zai wuce shi. Na huɗu, ina ne wurin haɗuwa, kuma ƙarfe nawa?

Yawon kamfanoni iri biyu ne galibi. Akwai gajere na kimanin awa ɗaya, zanen da cocin kawai. Akwai dogo na wajen awa uku da ke haɗawa da babban cocin Duomo, rumfar kasuwar Vittorio Emanuele II da fadar Sforza, a ƙafa. Ga wanda zanen ne ya kawo shi, gajeren ya fi. A dogon yawo mutum kan iso gaban bangon ƙafa ta gaji, kunne ya ƙoshi da bayani. Idan dole sai dogon, ka zaɓi wanda ake farawa da zanen.

Wajen biya, ka gwada katin bankinka tun da wuri ka ga ko yana biyan yuro ta intanet, domin ba kowane katin naira ke wucewa ba, kuma gurbin da ka zaɓa ba zai jira ka ba. Lokacin da aka rubuta a tikiti agogon Italiya ne. Daga ƙarshen Oktoba zuwa ƙarshen Maris daidai yake da na Najeriya da Nijar. Daga ƙarshen Maris zuwa ƙarshen Oktoba Italiya na gaba da awa ɗaya.

Mataki na uku: suna

Tikitin da suna yake fita, kuma ana duba shi da takardar shaida. Ka rubuta sunan kowane mutum harafi da harafi kamar yadda yake a fasfonsa. Idan fasfo ya ce Mohammed, kada ka rubuta Muhammadu. Idan ya ce Aishatu, kada ka rubuta A'isha. Kada a sa laƙabi, kada a sa Alhaji ko Hajiya. Wannan ƙaramin abu ne da ke iya tsayar da mutum a bakin ƙofa. Saboda wannan dokar ce kuma bai kamata ka sayi tikitin da wani ke tallatawa a hannu a kan titi ba: sunan wani ne a kai.

Mataki na huɗu: ranar ziyara

Adireshin shi ne Piazza Santa Maria delle Grazie, lamba 2, a kan titin Corso Magenta. Da jirgin ƙarƙashin ƙasa, ka sauka a tashar Conciliazione a jan layi, M1, ko a Cadorna inda jan layi ya haɗu da kore, M2. Daga kowacce tafiyar ƙafa ce ta minti 5 zuwa 10. Taragon titi mai lamba 16 yana tsayawa kusan a ƙofar cocin. Wanda ya taso daga filin jirgin Malpensa zai iya hawa jirgin ƙasan Malpensa Express da ke zuwa Cadorna.

Idan kana fuskantar cocin mai jan bulo, ƙofar gidan tarihin da ofishin tikiti suna hannunka na hagu. Kada ka shiga cocin kana neman zanen. Mutane da yawa na ɓata mintoci masu daraja a haka.

Ka iso minti 30 kafin lokacinka. Wanda ya saya da kansa zai je ofishin tikiti da fasfo da saƙon tabbatarwa. Wanda ya bi ta kamfani zai nemi ɗan jagoransa a wurin haɗuwa, yawanci yana ɗaga ƙaramin allo ko tuta; takardar da kamfani ya turo maka ba ita ce tikiti ba, tikitin yana hannun ɗan jagoran. Idan rukuninka ya shige ba ka nan, shi ke nan, domin kowane zagaye na gaba a cike yake.

Ka taho da kaya kaɗan. Ba a shiga da abinci, ruwan sha ko babbar jaka. Akwai akwatunan ajiya na ƙananan jakunkuna, amma akwatin tafiya ka bar shi a masauki. Ka kama ruwa tun kafin a kira rukuninku, ka kuma duba kada lokacinka ya ci karo da na salla. Idan yawon ya haɗa da shiga cocin, ana son a rufe kafaɗu da gwiwoyi, wanda ba matsala ba ce ga mai shigarmu ta gida. Wurin a ƙasa yake, mai keken guragu na iya shiga.

Daga nan za a bi da ku ta wasu ƙananan ɗakuna masu ƙofofin gilashi. Ta gaba ba ta buɗewa sai ta baya ta rufe. Ba tsaro kaɗai ba ne: ana tace iskar ne a rage ƙura da laima da mutane ke shigowa da su. Ɗan jagora nagari a nan yake gama ba da tarihi, don kada ya ci muku lokacin kallo.

Me ya sa ake lallaɓa bangon haka

Sanin wannan yana hana mutum ɓacin rai, domin wanda ya saba ganin zanen a kalanda da launi tas zai tarar da shi a dushe.

Masu zanen bango a Italiya na wancan zamani kan shafa launi ne a kan ɗanyen shafen farar ƙasa. Shafen yana bushewa yana haɗiye launin, su zama abu guda, shi ya sa irin wannan zane ke yin ɗaruruwan shekaru. Sharaɗinsa sauri: abin da ka shafe yau dole ka zane shi yau, kuma gyara na da wuya. Leonardo mutum ne mai aiki a hankali, mai son komawa ya gyara, ya ɗora launi kan launi. Sai ya zaɓi ya yi zanensa a kan busasshen bango, da launin da aka kwaɓa da ƙwai da mai, kamar yadda ake yi a kan allon katako. Ya samu laushin haske da inuwa da yake nema, amma launin bai shiga jikin bangon ba, zama ya yi a kansa. Ga laimar bangon, ga tururin girki daga makwabtaka. Tun Leonardo na raye ya fara ɓarewa.

Sannan hannun mutane ya ƙara nasa. A 1652 aka faɗaɗa ƙofa a ƙasan zanen, aka yanke ƙafafun Yesu. A ƙarshen ƙarni na 18 sojojin Napoleon suka mai da ɗakin bargar dawaki. Masu gyara na ƙarnoni daban-daban sun yi ta shafa nasu launi da danƙo a kai. A watan Agustan 1943 bama-baman Yaƙin Duniya na Biyu suka rushe rufin ɗakin da wani sashe na bangonsa; bangon zanen ya tsira ne saboda an riga an tokare shi da katako da buhunan yashi. Babban gyara na ƙarshe, ƙarƙashin jagorancin Pinin Brambilla Barcilon, ya ɗauki fiye da shekara 20 kafin a kammala a 1999. An kankare abin da wasu suka ƙara, inda kuma asalin ya ɓace aka cike da launin ruwa mai sauƙi wanda ido zai iya bambancewa. UNESCO ta sa cocin da zanen cikin jerin kayan tarihin duniya a 1980.

Mataki na biyar: yadda za ka raba minti 15

Da shigarka, kada ka ɗaga waya. Ana yarda da ɗaukar hoto ba tare da walƙiyar kyamara ba, bidiyo kuwa an hana, amma hoton wayarka ba zai kai wanda ke intanet kyau ba. Ka bar shi sai ƙarshe.

Minti 2 ko 3 na farko ka koma baya, tsakiyar ɗakin ko ma gaba da haka. Daga can ne dabarar Leonardo ke fitowa: ɗakin da ya zana kamar ci gaban ɗakin da kake tsaye ne, sai ka ce bangon ya buɗe. Ka bi layukan rufi da na labulen da ke gefen bangon zanen da ido, za ka ga duk sun tattaru a wuri guda, a gefen goshin Yesu na dama. A daidai nan aka gano ramin ƙusar da ya kafa ya ja zare don daidaita layukan. Ka lura kuma hasken zanen daga hagu yake zuwa, ɓangaren da tagogin ɗakin na gaske suke.

Sai ka matso gaba, ka ba mutanen teburin minti 7 ko 8. Lokacin da aka kama shi ne daidai sa'ad da Yesu ya faɗa musu cewa ɗaya daga cikinsu zai ci amanarsa. Maganar ta faɗa kamar dutse a ruwa, kowa da yadda ta taɓa shi. Almajiran sun kasu huɗu, uku-uku. Ka karanta su daga hagu, kuma ka fi kallon hannaye, domin fuskoki sun fi lalacewa.

A ƙarshen hagu, Bartalamawus ya miƙe zumbur ya dafa teburi, Yakubu ƙarami na kusa da shi, Andarawus ya ɗaga tafukansa biyu kamar mai cewa ba ruwana. Rukuni na biyu shi ne ya fi cancantar lokacinka. Bitrus ya sunkuyo yana raɗa wa Yohanna, da wuƙa a hannunsa na dama, a karkace ta baya. Yohanna ya langaɓe kai. A gabansu Yahuza Iskariyoti ya ja baya, gwiwar hannunsa a kan teburi, ya damƙe jakar kuɗi, fuskarsa cikin inuwa, kansa ya fi na kowa yin ƙasa. Masu zane da yawa kafin Leonardo kan ware Yahuza shi kaɗai a ɗaya gefen teburin don a gane shi. Shi kuwa ya bar shi cikin 'yan uwansa, sai mai lura ya tsamo shi. Ka duba hannunsa na hagu da na Yesu na dama: kwano ɗaya suke nufa.

A tsakiya Yesu ne kaɗai bai motsa ba, hannuwa a shimfiɗe, taga a bayansa tana haska kansa. A gefensa, ta hannunka na dama, Toma ya ɗaga yatsa sama, Yakubu babba ya ware hannuwa baki buɗe, Filibus ya nuna ƙirjinsa kamar mai tambaya ko ni ne. A ƙarshen dama, Matiyu da Tadawus sun juya wajen Siman suna neman bayani, hannuwan Matiyu na nuni baya zuwa tsakiya.

Kan teburin ma akwai abin gani da gyaran ƙarshe ya fito da shi: layukan ninkin mayafin teburi kamar yanzu aka warware shi, shuɗin adon gefensa, kofunan gilashi, gurasa, faranti na kifi da yankakken lemo. Can ƙasa a tsakiya za ka ga bakar ƙofar 1652. A sama kuma, cikin bakuna uku, tambarin gidan Sforza ne kewaye da ganyaye.

Minti 2 kafin ƙarshe, ka juya baya. A bangon da ke fuskantar zanen akwai hoton gicciye Yesu na mai zane Giovanni Donato da Montorfano, na 1495. Shi a kan ɗanyen shafe ya yi nasa, kuma launinsa na nan daram. A ƙasan kusurwoyinsa biyu akwai siffofin Ludovico Sforza da matarsa Beatrice d'Este da 'ya'yansu, waɗanda aka ƙara a kan busasshen bango, ana jingina su ga Leonardo. Sun kusa shafewa gaba ɗaya. A bango ɗaya ka ga bambancin dabarun biyu da idonka. Yawancin masu ziyara na fita ba su ko waiwaye shi ba.

Sauran minti ɗaya, ɗauki hotonka.

Game da ɗan jagora a ciki: idan yana nuna abu a bangon, bi shi. Idan ya koma zancen jita-jita da asiran da ake cewa an ɓoye a zanen, ka rage sautin na'urar ka yi kallonka. Ba dole ne ka tsaya a inda rukuni ya taru ba, ɗakin dogo ne, kana iya zagayawa muddin ba ka ƙetare shingen ba. Tambayoyi ka ajiye su sai an fita. A waje lokaci ba a ƙidaye yake ba. Mai raunin ido ya zo da tabaransa, domin zanen yana sama da kan mutum kuma ba a matsawa dab da shi.

Idan tikiti ya ƙare

Ka riƙa leƙa shafin gidan tarihin, musamman makon da ke gaban tafiyarka, domin ana sake fitar da wasu gurabe. Ka gwada sa'o'in sassafe da na dab da rufewa, da ranakun tsakiyar mako. Idan ku biyu ne ko uku, ku nemi gurabe ɗai-ɗai a zagaye daban-daban maimakon tare. Lahadin farko na kowane wata shiga kyauta ce, amma nan ma sai da kama gurbi, kuma cikin ɗan lokaci yake cika, don haka kada ka gina tafiyarka a kansa.

Bayan fitowa, cocin na nan kusa, shiga kyauta idan ba lokacin ibada ba ne; sashensa na baya mai ƙubba ana jingina shi ga magini Donato Bramante. Tafiyar 'yan mintoci a kan Corso Magenta ta nufin tsakiyar gari akwai cocin San Maurizio, wanda bangonsa ke lulluɓe da zanen Bernardino Luini, ɗaya daga cikin waɗanda suka bi salon Leonardo, kuma a can babu mai ƙirga maka minti. Mai son ganin rubutun hannun Leonardo da zane-zanen injinansa ya wuce gidan tarihin Ambrosiana, inda ake ajiye kundin takardunsa na Codex Atlanticus, ana baje wasu shafuka daga ciki bi da bi.